Hanyar Abijan: Shekarun Stephen Keshi a Tsaron Baya da Abin da Suke Nuna wa Matasan Borgou da Donga

Takardar da aka gabatar a taron masu nazari da masu horar da 'yan ƙwallo na yankin Parakou da Djougou, Jamhuriyar Benin

Tsakure

Wannan takarda ta bi sawun Stephen Okechukwu Keshi a shekarun da ya yi yana taka leda, daga 1979 har zuwa ƙarshen shekarun 1990. Hujjarta ita ce, abin da ya sa ya daɗe ana damawa da shi a Turai shi ne ya bar gida a matsayin cikakken ɗan wasa, ya kuma yada zango a gasar maƙwabta kafin ya tsallaka teku. An kwatanta tafiyarsa da ta Nii Lamptey na Gana da ta Khaled Adénon na Benin, sannan aka dawo da maganar gida, wato kan yaran da ke buga ƙwallo a Parakou da Djougou da ƙauyuka irin su Onklou.

Gabatarwa

Idan ana hirar ƙwallo a majalisa, sunan wanda ya ci ake fara ambata. A Parakou kowane yaro ya san Steve Mounié, wanda aka haifa a garin a 1994, domin aikinsa jefa ƙwallo a raga ne, kuma kowa na iya ƙirga abin da ya ci. Ɗan baya kuwa ba a cika tuna shi ba sai ranar da ya yi kuskure. Shi ya sa tarihin masu tsaron baya na Afirka ta Yamma ya yi ƙaranci a rubuce, alhali su ne suka fi daɗewa a fili, su ne kuma galibi ke ɗaura ƙyallen kyaftin.

An zaɓi Keshi ne saboda dalilai biyu. Na farko, yawancin matasan yau a matsayin koci suka san shi, mutumin da ya kai Togo gasar cin kofin duniya, ya kuma ci wa Najeriya kofin Afirka a 2013. Shekarunsa na wasa sun fara ɓacewa a bakin mutane. Na biyu, hanyar da ya bi ta ratsa ƙasashen da mutanen wannan yanki suka sani ciki da bai.

Daga Legas zuwa Birnin Benin

An haifi Keshi ranar 23 ga Janairu 1962. Bayanan rayuwarsa da aka fi yaɗawa sun ce a Azare ta jihar Bauchi aka haife shi, amma asalin iyayensa mutanen Illah ne a jihar Delta ta yanzu, kuma a Legas ya tashi. Ya yi karatu a kwalejin St Finbarr's da ke Akoka, makarantar da ta yi suna wajen fitar da 'yan ƙwallo, ciki har da Henry Nwosu. A 1979 ya fara buga wa ACB ta Legas, shekara guda bayan haka ya koma New Nigerian Bank da ke Birnin Benin na Najeriya.

A wancan zamani bankuna da kamfanoni da gwamnatocin jihohi ne ke riƙe da ƙungiyoyi. Ɗan wasa ma'aikaci ne a takarda, yana karɓar albashi kamar sauran ma'aikata, domin gasar Najeriya ba ta zama ta ƙwararru ba sai a 1990. Duk da haka wasan yana da zafi. New Nigerian Bank ta ci kofin ƙungiyoyin Afirka ta Yamma na WAFU a 1983 da 1984, Keshi na tsakiyar bayanta. Ya shiga tawagar ƙasa a 1981, ya je gasar kofin Afirka ta 1982 a Libiya, sannan a 1984, yana ɗan shekara 22 kacal, koci Adegboye Onigbinde ya ba shi jagorancin tawagar da ta kai wasan ƙarshe a Abijan. Muda Lawal ne ya fara ci, amma Kamaru ta rama ta kuma ƙara biyu, aka tashi 3 da 1.

A lura da wannan da kyau. Kafin Keshi ya buga wa wata ƙungiyar waje wasa ko ɗaya, ya riga ya yi kaka shida a gasar manya, ya ɗaga kofin yanki sau biyu, ya kuma jagoranci ƙasarsa a wasan ƙarshe na nahiya.

Hukuncin da ya buɗe ƙofa

A 1985 hukumar ƙwallon Najeriya ta dakatar da shi tare da abokan wasansa huɗu, wato Henry Nwosu da Bright Omokaro da Sunday Eboigbe da Clement Temile, bisa laifin rashin hallara sansanin tawagar ƙasa a kan lokaci. Maimakon ya zauna zaman jira, sai ya tattara ya nufi Kwaddibuwa.

Me ya sa Abijan? A lokacin ita ce kasuwar ƙwallo mafi ƙarfi a yankin. Ƙungiyoyinta na biya da sefa, wadda ke ɗaure da kuɗin Faransa, a daidai lokacin da tattalin arzikin Najeriya ke tangal-tangal. Shekara guda bayan tafiyarsa gwamnatin Babangida ta ƙaddamar da shirin tsuke bakin aljihu, darajar naira ta faɗi, albashin ɗan wasa ya zama ba ya kai shi ko'ina. Bayan haka, masu farautar 'yan wasa daga Faransa da Beljiyam sun saba da filayen Abijan fiye da na Legas ko Kaduna. Keshi ya buga wa Stade d'Abidjan a 1985, ya koma Africa Sports a 1986 inda suka haɗa kofin gasa da kofin ƙalubale a kaka guda. A can ya koyi Faransanci, harshen da ya yi masa rana a Beljiyam da Faransa, daga baya kuma a Togo da Mali.

Wannan zagaye ba shi kaɗai ya yi shi ba, kuma Benin ma tana cikin labarin. Abedi Pele na Gana ya buga wa Dragons de l'Ouémé ta Porto-Novo a tsakiyar shekarun 1980 kafin ya yi suna a Faransa. Mai tsaron raga Peter Rufai shi ma daga Dragons ya wuce Lokeren. Rashidi Yekini, haifaffen Kaduna, ya yi shekaru a Africa Sports kafin ya tafi Vitória Setúbal ta Fotugal. Manyan 'yan wasan wancan zamani ba su ɗauki buga wasa a ƙasar maƙwabta a matsayin faɗuwa ba.

Beljiyam da Faransa

A 1986, yana da shekara 24, Keshi ya sa hannu a Lokeren. Kaka ɗaya ta isa Anderlecht, babbar ƙungiyar Beljiyam, ta ɗauke shi. Ya zauna a can daga 1987 zuwa 1991, ya buga wasan gasa 99, ya ci ƙwallo 18, adadin da wasu 'yan tsakiya ma ba su kai ba. Sun ci kofin ƙalubale a 1988 da 1989, sun ci gasar ƙasa a 1991. Ranar 9 ga Mayu 1990, a birnin Gothenburg na Suwidin, yana cikin sha ɗayan da suka fuskanci Sampdoria a wasan ƙarshe na kofin masu riƙe da kofuna na Turai. Bayan Anderlecht ta riƙe Gianluca Vialli da Roberto Mancini tsawon minti casa'in ba ci, sai Vialli ya zura biyu a ƙarin lokaci.

Irin wasansa ya cancanci a tsaya a kansa, domin nan ne masu horarwa za su fi ƙaruwa. A tsarin wancan lokaci ana ajiye mutum ɗaya a bayan masu gadin 'yan gaba, ba a ɗora masa kowa ba. Aikinsa ya karanta inda ƙwallo za ta faɗa, ya toshe gurbin da wani ya bari, ya kuma fara kai hari daga baya. Wannan gurbi Keshi ya fi riƙewa. Ba gudu ne ƙarfinsa ba. Yana da ƙirar jiki, yana da tsalle, yana iya aika doguwar ƙwallo daga rabin filinsa ta sauka a ƙafar ɗan gefe, jifansa na hannu kuwa yana kaiwa har cikin da'irar abokan hamayya. Sama da duka yana magana. Duk wanda ya kalli tsofaffin faifan wasanninsa zai ga hannunsa a sama kusan kowane lokaci, yana jawo wannan, yana tura wancan gaba. Laƙabin Big Boss da aka san shi da shi daga nan ya samo asali, tun kafin ya zama koci.

A 1991 ya yi abin da ya ba mutane mamaki: ya bar zakarun Beljiyam ya koma Strasbourg, wadda ke rukuni na biyu a Faransa. A can ya haɗu da Frank Leboeuf a baya, wanda daga bisani ya ci kofin duniya da Faransa a 1998. A watan Mayu 1992 Strasbourg ta kara da Rennes a wasan neman hawa rukunin farko. An tashi babu ci a gidan Rennes. A wasa na biyu, a filin Meinau, Keshi ya samu ƙwallo can nesa, fiye da mita 30 daga raga, ya ɗaga kai ya ga sarari, ya sake ta da ƙarfi ta faɗa raga. An tashi 4 da 1, Strasbourg ta hau, kuma har yau magoya bayan ƙungiyar suna ambaton wannan ci.

Fatoman 'yan wasa

Dattawan Djougou sun san cewa garinsu tsohon zango ne. A ƙarni na 19 ayarin fataken goro daga Kano kan ratsa ƙasar Borgu, su sauka a Parakou da Djougou kafin su isa Salaga a ƙasar Gwanja. A kowane zango akwai fatoma, mutumin da ke saukar da baƙo, ya ciyar da shi, ya nemo masa mai saye, ya kuma tsaya masa idan magana ta taso. Matsayin da Keshi ya riƙe a Beljiyam ke nan. Gidansa ya zama masaukin 'yan wasan Afirka sababbin zuwa, yana yi musu tafinta, yana haɗa su da ƙungiyoyi, yana nuna musu yadda ake zama da Turawa da yadda ake jure sanyi.

Cikin 'yan shekaru gasar Beljiyam ta cika da 'yan Najeriya. Augustine Eguavoen ya je Gent, Samson Siasia da Peter Rufai suna Lokeren, Victor Ikpeba da Sunday Oliseh da Alloy Agu suka sauka a Liège, Daniel Amokachi ya tashi daga Ranchers Bees ta Kaduna zuwa Club Brugge a 1990. Ba dukkansu Keshi ya kai da hannunsa ba, amma wasansa ne ya sa ƙungiyoyin ƙasar suka yarda cewa ɗan Najeriya kaya ne mai kyau. Ƙashin bayan tawagar Najeriya da ta ci kofin Afirka a 1994 a nan aka gina shi.

Sai dai akwai gefen labarin da bai kamata a rufe ba. A 1989 wani yaro ɗan Gana, Nii Odartey Lamptey, ya haskaka a gasar duniya ta 'yan ƙasa da shekara 16 a Sikotilan. Hukumomin ƙasarsa ba su so ya fita ba, sai aka bi da shi ta Legas, aka kai shi Beljiyam da fasfon da ke nuna shi ɗan Keshi ne. Ya fara buga wa Anderlecht yana ɗan shekara 16, duniya ta ɗauka an samu magajin Pele na Brazil. Lamptey bai daina yabon Keshi a matsayin uba ba, kuma babu dalilin shakkar kyakkyawar niyyarsa. Amma yaron ya fita bai yi karatu mai zurfi ba, ya sa hannu a takardun dillalai da bai fahimci abin da ke cikinsu ba, aka yi ta yawo da shi daga PSV zuwa Aston Villa da Coventry, daga nan Italiya da Ajantina da Turkiyya, har hasken ya dushe tun bai kai shekarun da Keshi ya fara wasa a Turai ba. Mutum ɗaya ne ya buɗe ƙofar, amma wanda ya shiga da ƙafafunsa a shekara 24 ya yi shekaru a Turai ana girmama shi, wanda aka ɗauka aka shigar da shi yana yaro ya sha wahala. Irin waɗannan labarai na cikin abin da ya sa FIFA ta kafa doka a 2001 da ta hana sayar da yaro ɗan ƙasa da shekara 18 zuwa wata ƙasa, sai a wasu 'yan yanayi ƙalilan.

Rigar ƙasa

Keshi ya buga wa Najeriya wasa 64, ya ci ƙwallo 9. A 1988 a Kasabalanka Kamaru ta sake hana shi kofi da bugun fenaretin Emmanuel Kundé, bayan an soke ƙwallon da Henry Nwosu ya ci da ka. Ranar 12 ga Janairu 1992, a wasan buɗe gasar kofin Afirka da Sanagal a Dakar, Siasia ya fara ci, Jules Bocandé ya rama wa masu masauki, filin ya ɗauki kuwwa. Saura minti ɗaya a tashi sai ga kyaftin ya baro bayansa ya hau gaba, ya ci ta biyu. Najeriya ta ƙare ta uku a wannan gasa.

Lokacin da nasarar ta zo, jiki ya fara gajiya. A gasar kofin Afirka ta 1994 a Tunisiya rauni ya sa koci Clemens Westerhof ya fi dogara da matasa a baya. Ranar 10 ga Afrilu, a wasan ƙarshe, da Emmanuel Amunike ya ci Zambiya biyu aka tashi 2 da 1, Eguavoen ne ke ɗaure da ƙyallen kyaftin a fili, Keshi yana benci. Da aka zo karɓar kofi, shi aka gabatar ya ɗaga. A gasar cin kofin duniya ta Amurka wasa ɗaya ya buga, wanda aka ci Girka 2 da nema. Mai wannan takarda na ganin waɗannan watanni sun fi kowane lokaci nuna darajarsa: tawaga cike da taurari masu ji da kansu, amma mutumin da ba ya cikin sha ɗayan farko ne ke tsawatarwa a ji, shi ne kuma ke shiga tsakaninsu da hukuma idan maganar alawus ta taso.

Sauran tafiyar gajeriya ce. Ya taka leda a RWD Molenbeek, ya buga wa ƙananan ƙungiyoyi a Kalifoniya, ya rufe da Perlis ta Malesiya kafin ya rataye takalma. A 2005 ya kai Togo gasar duniya karon farko, abin da mutanen Djougou, da ke da ɗan taƙi kaɗan zuwa Kara, ba su manta ba. A 2013 ya zama mutum na biyu, bayan Mahmoud El-Gohary na Masar, da ya ci kofin Afirka yana ɗan wasa ya kuma ci yana koci. Ya rasu ranar 7 ga Yuni 2016 a Birnin Benin yana da shekara 54.

Misali daga gida

A shekarar da Keshi ya isa Abijan aka haifi Khaled Adénon, ɗan bayan Benin. Shi ma ta Abijan ya bi, ya goge a ASEC Mimosas kafin ya wuce Le Mans da Bastia. Shi ma ya ɗanɗana dakatarwa, domin a 2012 FIFA ta hana shi wasa shekara guda bayan hatsaniya da alƙalin wasa a karawar Benin da Ruwanda. Da yawa sun ɗauka ta ƙare masa. Ya koma ƙananan rukunan Faransa ya sake farawa, ya shiga Amiens a 2015 tana rukuni na uku, suka hau na biyu a 2016, suka hau na farko a 2017, karon farko a tarihin ƙungiyar.

Gasar kofin Afirka ta 2019 a Masar ita ce hujja mafi kusa da mu kan amfanin 'yan baya. Tawagar Benin ƙarƙashin koci Michel Dussuyer ta yi canjaras uku a rukuni: 2 da 2 da Gana, babu ci da Gini Bisau, babu ci da Kamaru. Ranar 5 ga Yuli ta haɗu da Maroko a Alƙahira. Ɗan baya ne, Moïse Adiléhou, ya ci wa Benin. Youssef En-Nesyri ya rama, Hakim Ziyech ya buga fenareti a turke ana dab da tashi, aka shiga ƙarin lokaci, aka kori Adénon da katin gargaɗi na biyu, mutum goma suka riƙe har zuwa bugun fenareti, inda Benin ta yi nasara 4 da 1. Ƙwallo ɗaya ta Idrissa Gueye ce ta fitar da su a hannun Sanagal a zagayen 'yan takwas. Benin ta kai matakin da ba ta taɓa kaiwa ba a lokacin, ba tare da ta ci wasa ko ɗaya a cikin minti casa'in ba, kuma Adénon yana gab da cika shekara 34.

Kammalawa

Yankin nan ba ya rasa inda yaro zai fara. Buffles du Borgou ta Parakou ta ci gasar ƙasa sau da dama, Panthères na Djougou, ga kuma wasannin unguwanni da na makarantu da ba sa yankewa. Abin da ke damun mai wannan takarda shi ne gaggawa. Uba a Onklou ko Partago zai sayar da shanu ko amfanin gonar kaju ya miƙa wa wani da ya yi alƙawarin kai ɗansa Turai gwaji, alhali yaron bai taɓa buga kaka guda cikakkiya a gasar manya ba. Ɗan baya kuwa ya fi kowa buƙatar lokaci, domin karanta wasa ba a koyonsa sai da yawan wasanni da yawan kuskure.

Akwai kuma asarar da ƙungiyoyi ke yi ba su sani ba. A dokar FIFA, idan aka sayar da ɗan wasa daga wata ƙasa zuwa wata yana cikin kwantiragi, ana ware kashi 5 cikin 100 na kuɗin a raba wa ƙungiyoyin da suka rene shi tsakanin shekara 12 da 23. Ƙungiyar da ba ta yi wa yaronta rajista da hukuma ba, ba ta da hujjar neman ko sisi.

Don haka wannan takarda na kira ga shugabannin ƙungiyoyin Borgou da Donga su yi wa kowane yaro rajista tun ranar da ya fara atisaye, su ajiye kundin wasannin da ya buga, su kuma ware wa 'yan baya horo na musamman maimakon a tura duk wanda bai iya ci ba ya koma baya. Iyaye kuma su bar yaro ya gama makaranta, ya buga a gida, ya gwada ƙarfinsa a Kwatano ko Lome ko Abijan ko Kano, kuma kada su ba kowa kuɗi sai sun ga lasisin dillancinsa da takardar gayyata daga ƙungiyar da ya ambata.